Ajiyar wasa a kan emuleta: ina take zama, me ke cinye ta, yaya ake ƙaura da ita?

Bashir: Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ina so mu tsaya a kan maganar ajiya, domin matsala ɗaya ce take ta dawowa da fuska daban-daban. Mutum ya yi nisa a wasa, ya sabunta emuleta, wato manhajar da ke kwaikwayon na'urar wasa a waya ko kwamfuta, ko ya koma wata waya, ya buɗe sai ya tarar wasan ya fara daga farko. Wani kuma bai sauya komai ba, tsohon sitet, wato ajiyar nan-take ta emuleta, kawai ya loda, sai ajiyar cikin wasan ta koma baya da kanta. Me ke jawo haka, kuma wane tsari ya kamata a bi tun farko?

Malam Habu: Wa alaikumus salam Bashir. Kafin komai a raba abu biyu da ake haɗawa a kira su ajiya.

Ta farko ita ce wadda wasan da kansa yake rubutawa. A kaset ɗin Super Nintendo da Game Boy, wani ɗan guntun mimori ne da batir ke riƙe da shi. A PlayStation kuma katin mimori ne. Emuleta tana ɗaukar abin da ke cikin wannan mimorin ta zuba a fayil, .srm ko .sav ko .mcd, ya danganta da wadda kake amfani da ita. Tsarin abin da ke ciki wasan ne ya ƙaddara shi, ba emuleta ba, shi ya sa yake iya bin ka duk inda ka koma, har kan na'urar asali.

Ta biyu ita ce sitet, wato ajiyar nan-take. Wannan emuleta ce take daskarar da na'urar gaba ɗaya: RAM, abin da furosesa ke riƙe da shi a wannan ƙiftawar, mimorin hoto, na sauti, duk ta tattara a fayil ɗaya bisa tsarin da masu rubuta ta suka ga dama. Ranar da suka gyara tsarin a sabuwar siga, tsohon sitet yana iya ƙin buɗewa. Sitet ɗin Snes9x ba zai taɓa buɗewa a bsnes ba, duk da su biyun emuletocin Super Nintendo ne, alhali .srm ɗinsu ɗaya ne. Dolphin, emuletar GameCube da Wii, da PCSX2, ta PlayStation 2, sun yi suna wajen ƙin sitet ɗin tsohuwar siga.

Saboda haka duk wanda ya shafe awa talatin yana wasa da sitet kaɗai, bai taɓa tsayawa wurin ajiya na cikin wasa ba, a hakika ba shi da ajiya.

Zuwaira: Na yarda da Malam, amma kada a tsorata mutane da sitet. Gaban shugaban mataki mai wahala, ko wasan da asalinsa kalmar sirri yake bayarwa ba ajiya ba, babu abin da ya kai shi amfani. Dokar dai ita ce: duk lokacin da za ka rufe wasa na ranar, ka je ka ajiye ta cikin wasa. Kuma kafin sabunta emuleta, ka loda sitet ɗinka na ƙarshe a tsohuwar sigar, ka ajiye ta cikin wasa, ka rufe, sannan ka sabunta.

Bashir: To ɓangare na biyu fa, Malam? Yaya sitet yake mayar da ajiyar cikin wasa baya?

Malam Habu: Domin a na'urorin kaset, mimorin batir ɗin nan yana cikin abin da sitet ya daskarar. Ka ɗauka ka yi sitet ranar Litinin. Ka ci gaba da wasa har Alhamis, kana ajiyewa ta cikin wasa. Ranar Juma'a hannunka ya taɓa F4, maɓallin loda sitet a RetroArch, manhajar da ke tara emuletoci da yawa wuri ɗaya, sitet ɗin Litinin ya hau. A wannan lokacin mimorin batir da ke cikin emuleta ya koma na Litinin. Fayil ɗin .srm da ke kan diski har yanzu na Alhamis ne, amma na ɗan lokaci kaɗan, domin RetroArch tana juye mimorin zuwa diski lokaci-lokaci, kuma tana sake juyewa idan ka rufe wasan. Da ta juye, na Alhamis ya tafi.

Idan haka ta faru, kada ka rufe wasan, kada ka yi wani sitet. Ka buɗe menu na gaggawa ka zaɓi Undo Load State. Zai mayar da kai daidai inda kake kafin kuskuren, tare da mimorin batir ɗin. Sau ɗaya kawai yake komawa baya, kuma yana ɓacewa da zarar ka rufe wasan.

Lawal: Akwai saitin da ke toshe wannan tun daga tushe. A Settings, ɓangaren Saving, akwai zaɓin hana sitet taɓa mimorin ajiya idan an loda shi. A kunna shi a huta.

Malam Habu: Ɗan'uwa Lawal, ba zan ce a kunna shi ga kowane wasa ba. Wasanni da yawa ba ajiya kaɗai suke zubawa a mimorin kaset ba, suna amfani da shi a matsayin wurin aiki. A NES, KB 8 ɗin da batir ke riƙewa su ne kuma ƙarin RAM na wasan. Pokémon Red yana warware hotunan halittunsa a cikin mimorin kaset. Idan ka loda sitet ya mayar da komai baya ban da wannan yankin, rabin na'urar yana Litinin rabi yana Juma'a. Sakamakon sai ka ga hoto ya birkice ko wasa ya tsaya cak. Ita kanta RetroArch ta rubuta gargaɗi a ƙarƙashin zaɓin.

Lawal: Gaskiya ne akwai irin waɗannan. Amma a auna asarar biyu. Idan hoto ya birkice, sake kunna wasa ne kawai. Idan .srm ya koma baya, kwanaki ne suka tafi. Kuma RetroArch tana ba da damar ajiye saiti na musamman ga wasa ɗaya, don haka ana iya kunna shi gaba ɗaya a kashe ga wanda ya nuna matsala.

Zuwaira: Inda nake jin tsoron shawararka, Lawal, shi ne wasan da ya birkice a ɓoye, bai nuna ba, sannan mutum ya ajiye a kai. Ni ina ganin maganin ba a saitin yake ba. A cire maɓallin loda sitet daga inda yatsa ke kaiwa ba da niyya ba, a kashe loda sitet na kai-tsaye idan wasa ya buɗe, wato fayil ɗin .state.auto, ga duk wasan da ke da ajiyar kansa. Wannan na kai-tsayen ya fi F4 ɓarna ga mai na'ura biyu: ka kwafo sabon .srm daga kwamfuta zuwa waya, ka buɗe, tsohon sitet na wayar ya hau da kansa ya shafe shi kafin ka ga allon farko.

Lawal: Wannan na ƙarshen babu gardama a kai.

Aminu: Bari in shigo da mafi yawan dalilin "wasa ya fara daga farko", domin sau da yawa ajiyar tana nan lafiya, emuleta ce ba ta gan ta ba. Abu uku ake dubawa: suna, wuri, girma.

Suna: yawancin emuletocin kaset suna neman fayil mai suna daidai da na ROM, wato fayil ɗin wasan kansa, harafi da harafi, ƙarshen kawai ya bambanta. Ka sauya sunan ROM, ko ka cire alamar yanki da ke jikinsa, to dole ka sauya na ajiyar ma. A Android da Linux babban baƙi da ƙarami na iya zama abu biyu daban. Kuma Windows tana ɓoye ƙarshen suna idan ba ka hana ta ba, sai mutum ya ɗauka ya mayar da fayil .sav alhali ya zama .sav.srm.

Wuri: RetroArch tana da zaɓin raba ajiya cikin folda bisa sunan injin, wato emuletar cikinta da ke gudanar da wasan. Idan a kunne yake, ajiyar da ka yi da mGBA tana cikin saves/mGBA, ranar da ka buɗe wasan da gpSP zai nemi saves/gpSP ya tarar babu komai. Haka idan aka kunna zaɓin bayan an daɗe ana wasa, tsofaffin fayiloli suna nan zube a saves, ba wanda zai kwashe maka su.

Hanya mafi sauƙi ta gane wurin da sunan: ka ajiye tsohon fayil ɗinka a gefe, ka buɗe wasan a sabuwar emuleta, ka yi sabuwar ajiya ta cikin wasa, ka rufe. Ka nemo fayil ɗin da ta ƙirƙira yanzu. Sunansa da wurinsa da girmansa su ne amsar. Sai ka ba tsohon wannan sunan ka ɗora shi a kai, emuleta tana rufe. Idan tana buɗe ka ɗora, tana rufewa za ta juye nata a kan naka.

Bashir: Girman fa, Aminu? Ka ce uku.

Aminu: Girma ya fi cizo a Game Boy Advance, domin kaset ɗinsa ba iri ɗaya ba ne. Akwai EEPROM na bayit 512, akwai na KB 8, akwai SRAM na KB 32, akwai filash na KB 64 da na KB 128. Emuleta sai ta yi hasashen wanne wasan ke so. Pokémon Ruby, Sapphire, Emerald, FireRed da LeafGreen duk filash ne na KB 128, wato bayit 131,072. Tsohuwar VisualBoyAdvance idan an bar ta a kan KB 64, FireRed yana fito da saƙon cewa ba a saka allon 1M ba, ajiya kuma ba ta zama. Gyaran shi ne a sa nau'in ajiya a filash 128K, a goge gurguwar ajiyar da aka riga aka ƙirƙira, a sake kunna wasan. Idan ba a goge ta ba, wasu emuletocin daga girman fayil ɗin da suka tarar suke yanke hukunci, sai kuskuren ya dawwama.

Wanda ke son tabbatarwa da idonsa ya buɗe ROM ɗin da HxD, manhajar da ke nuna bayit ɗin cikin fayil, ya nemi ɗaya daga cikin waɗannan rubutun: EEPROM_V, SRAM_V, FLASH_V, FLASH512_V, FLASH1M_V. Wanda ka samu shi ne nau'in. FLASH1M_V shi ne KB 128.

Malam Habu: A ƙara da maganar agogo. Pokémon Gold, Silver da Crystal na Game Boy Color suna da agogo a cikin kaset. Ainihin ajiyar bayit 32,768 ce, amma za ka ga fayil mai 32,816 ko 32,812, domin emuletocin BGB da mGBA da VBA-M suna liƙa bayanin agogo, bayit 48 ko 44, a wutsiyar fayil. Gambatte kuwa fayil daban take yi masa mai ƙarshen .rtc. Idan ka ƙaura ka bar .rtc a baya, ajiya za ta buɗe, lokaci ne zai rikice. Ba lalacewa ba ce. Haka saƙon nan na Emerald cewa batirin ciki ya ƙare, ba ajiyarka ba ce ta mutu, agogon emuleta ne a kashe, a kunna shi a saiti.

Ka'idar ita ce: fayil ɗin da ya ɗara cikakken adadi da 'yan bayit, wutsiya ce emuleta ta sa masa. DeSmuME, emuletar Nintendo DS, ita ma haka take. Fayil ɗinta .dsv yana da ƙarin bayit 122 a ƙarshe, shi ya sa ajiyar bayit 524,288 take fitowa 524,410. Kada ka sauya masa suna kawai ka ba wata emuletar DS kamar melonDS. A menu na File na DeSmuME akwai Export Backup Memory, ka fitar da shi tsantsa a matsayin .sav.

Safiya: Wani tarkon a RetroArch shi ne matse fayil ɗin ajiya. Akwai zaɓin da ke matse .srm don rage girma. Idan a kunne yake, wata emuleta ba za ta gane fayil ɗin ba, komai sunan da ka ba shi. Alamarsa: girman bai yi daidai da kowane adadi da aka sani ba, kuma idan ka buɗe shi a HxD zai fara da #RZIPv. Warwarewa: ka kashe zaɓin, ka buɗe wasan, ka ajiye ta ciki, ka rufe, zai rubuta tsantsa. Ajiyar Super Mario World KB 2 ce kacal, ta Chrono Trigger KB 8, ban ga abin da ake matsewa a nan ba.

Bashir: Mu koma PlayStation. Wasan faifai da yawa ne ke rikita mutane, an gama faifai na ɗaya an sa na biyu kati ya fito babu komai.

Safiya: Wannan sakamakon "kati ɗaya ga kowane wasa" ne, idan emuleta tana ba katin suna daga sunan fayil ko lambar faifai. Kowane faifai na Final Fantasy VII lambarsa daban, don haka faifai uku kati uku. Gyaran shi ne fayil ɗin .m3u: ka buɗe fayil na rubutu, ka jera sunayen .cue ko .chd na faifan, kowanne a layinsa, ka ajiye da sunan wasan da ƙarshen .m3u a folda ɗaya da su. Shi za ka riƙa buɗewa, kana sauya faifai daga menu na emuleta, katin kuma zai ɗauki sunan .m3u ɗin. A emuletar DuckStation ana iya zaɓar kati bisa taken wasa maimakon lambar faifai, shi ma yana haɗe su. Wanda ya riga ya yi nisa a faifai na ɗaya, ya kwafi katinsa ya ba shi sabon sunan.

Katin kansa bayit 131,072 ne, an raba shi gurbi 16 na KB 8, na farko na jadawali ne, 15 na ajiya. Fayil ɗin .mcr na ePSXe, .mcd na DuckStation, da .srm na Beetle PSX duk abu ɗaya ne a ciki, sauya suna ya isa. Wanda ya bambanta shi ne .gme na DexDrive, tsohuwar na'urar kwafe kati zuwa kwamfuta, yana da kai na bayit 3,904, jimilla 134,976. Shi sai an bi ta MemcardRex, manhajar gyaran katin PlayStation, ko editan kati na cikin DuckStation.

Lawal: Ni ina goyon bayan kati ɗaya na haɗaka, kamar yadda yake a na'urar asali. Fayil ɗaya za ka kwafa, kuma akwai wasannin da ke leƙa ajiyar wasu. Suikoden II yana ɗauko ajiyar Suikoden na farko, Psycho Mantis a Metal Gear Solid yana karanta ajiyar wasu wasannin Konami da ke kan katin.

Safiya: Gurbi 15 ne fa, Lawal, kuma wasu wasannin suna cin fiye da ɗaya. Sannan kati ɗaya ya lalace ka rasa duka. Ai rami biyu ne: na ɗaya ka bar shi katin kowane wasa, na biyu ka sa na haɗaka. Ranar da kake buƙatar Suikoden II ya ga na farko, ka kwafi gurbin da edita zuwa katinsa, aikin minti ɗaya.

Kuma a kula da yanki. Sunan ajiya a cikin kati yana farawa da BA ga Amurka, BE ga Turai, BI ga Japan, sannan lambar wasan, kamar BASLUS ko BESLES. Faifan Turai ba zai ga ajiyar faifan Amurka ba ko da tana zaune a katin. MemcardRex yana iya sauya lambar, wani lokaci ta yi aiki, wani lokaci wasan ya ce ajiyar ta lalace domin tsarin cikinta ya bambanta. A gwada a kan kwafi. PPSSPP, emuletar PSP, ma haka: folda ce a PSP/SAVEDATA mai farawa da ULUS ko ULES, kuma foldar gaba ɗaya ake kwafa har da PARAM.SFO, ba fayil ɗaya daga ciki ba.

Malam Habu: Katin PS2 a PCSX2 shi ne Mcd001.ps2 a foldar memcards, girmansa bayit 8,650,752. Ya haura MB 8 saboda kowane shafi na bayit 512 yana da ƙarin 16 na gyaran kuskure, don haka ba a yanka shi da hannu. Shigar da ajiyar .psu ko .max sai da manhaja irin mymc. A tsaya a kan MB 8, domin shi ne girman da Sony ta yi, wasu wasannin ba sa jituwa da na 32 ko 64. Kuma a nan sitet haɗarinsa daban ne. Katin ba ya komawa baya tare da sitet, amma wasan yana iya riƙe tsohon jadawalin katin a RAM ɗinsa. Shi ya sa emuleta take yi kamar an zare katin an mayar bayan loda sitet. A ba shi 'yan daƙiƙu kafin a ajiye, kuma kada a yi sitet ko a loda shi yayin da wasa ke rubutu a kati.

Aminu: Nintendo 64 ce ta fi kowa wahalar ƙaura, a yi haƙuri da ita. Super Mario 64 EEPROM ne na bayit 512, Ocarina of Time SRAM na KB 32, Majora's Mask filash na KB 128, ga kuma Controller Pak na KB 32 da ake sokawa a hannun wasa. Project64 tana raba su .eep, .sra, .fla, .mpk. Mupen64Plus-Next na RetroArch kuwa yana dunƙule duka a .srm ɗaya mai bayit 296,960: 2,048 na EEPROM, sai pak huɗu, sai SRAM, sai filash. Sauya suna ba zai taɓa aiki ba, sai manhajar da ke rarraba ko haɗa su. Bayan haka .sra da .fla suna iya zuwa da bayit a juye, huɗu-huɗu, tsakanin wata emuleta da wata. Idan girma ya yi daidai amma wasa ya ce babu ajiya, juyin bayit ne abin zargi na farko.

Bashir: Saura kwafin tsaro da daidaita waya da kwamfuta.

Zuwaira: Na farko a waya: tun Android 11, manhajoji da yawa suna zuba ajiya a Android/data, wurin da mai binciken fayil na yau da kullum ba ya shiga cikin sauƙi, kuma cire manhajar yana goge foldar. Duk emuletar da ta ba ka zaɓin wurin ajiya, ka nuna mata foldar da kai ka ƙirƙira a wajen can. Wadda ba ta bayar ba, ka fitar da ajiya ta menu ɗinta kafin ka cire ta ko ka share bayananta.

Daidaitawa kuma, Syncthing, manhajar da ke daidaita folda tsakanin na'urori, yana yi da kyau idan foldar saves kaɗai ka ba shi. A bar states a waje, tunda sigar injin waya da ta kwamfuta ba lallai su zo ɗaya ba. Tsarin raba folda ya zama iri ɗaya a na'urorin biyu, sunayen ROM ma haka. Ka rufe wasa gaba ɗaya, ka jira daidaitawa ta kammala, sannan ka buɗe a ɗayar. Idan ka yi wasa a duka biyun kafin su haɗu, za ka ga fayil mai sync-conflict a sunansa. Kada ka goge shi sai ka gwada duka biyun, domin wanda ya fi sabon kwanan wata ba lallai shi ne ya fi nisa ba. Buɗe wasa ka rufe kawai yana iya sabunta kwanan.

Lawal: Kuma daidaitawa ba kwafin tsaro ba ce, domin fayil ya lalace a nan, lalataccen ne zai tafi can. A kunna adana tsofaffin sigogi a Syncthing, suna taruwa a .stversions, a sa ya riƙe ko da goma. Ban da haka a riƙa dunƙule foldar saves cikin zip mai kwanan wata a sunansa, a kai wani diski daban, musamman kafin sabuntawa, kafin sa lambobin yaudara, da kafin ɗora facin fassara, wato gyaran da ke sauya harshen wasa, a kan ROM.

Bashir: Facin fassara yana taɓa ajiya ne?

Malam Habu: Sitet kam yana mutuwa, domin facin yana matsar da abubuwa a cikin ROM, sitet kuma yana nuna tsofaffin wurare. Ajiyar cikin wasa yawanci tana tsira, sai dai sunayen da ka rubuta suna iya fitowa a birkice saboda jadawalin haruffa ya sauya. Idan facin ya tsawaita sunaye ko ya ƙara kaya, tsarin ajiyar kansa ya sauya, kuma masu facin sukan faɗi haka a takardar bayanin da ke tare da shi. ROM ɗin da aka yi wa faci a ba shi suna daban, a kwafi .srm zuwa wannan sunan, na asali ya zauna yadda yake.